Cin Iyaka a Dutsen Abba: Tsakanin Kara da Kotu

A Dutsen Abba, kamar sauran yankunan da ke gefen Zariya, gonaki na komawa fulotai, kuma rikicin iyaka na biye da su. Da can iyakar gona ba ɓoyayya ba ce: layin gamba, ko bini-da-zugu, ko wata tsohuwar bishiya da kowa ya sani. In gardama ta tashi, mai unguwa ya kira dattawa su taka wurin, in ta gagara a wuce gun dagaci, daga nan sai hakimi. Ƙarfin wannan tsari shi ne shaidun da suka yi noma a wurin. Yau an sare gambar, dattawan suna ƙarewa, mai saye kuwa baƙo ne, abin da ke hannunsa takardar dillali ce mai cewa fili ya yi iyaka da wane ta gabas, alhali wanen ma ya sayar ya tashi.

Ana yawan ɗora laifin a kan kotuna. Ni a ganina kara ce ta fi cinye wa mutane haƙƙinsu. Maƙwabci ya ja harsashinsa taku biyu cikin filinka, kana gani, ka yi shiru don kuna sahu ɗaya a masallaci. Fiƙihun Malikiyya, wanda alƙalanmu ke hukunci da shi, bai ɗauki wannan shirun da wasa ba. A babin hauzi, wanda ya riƙe wuri shekara 10 yana gini yana rushewa a matsayin nasa, mai wurin yana gari, yana gani, babu abin da ya hana shi magana, to ba a ƙara sauraron ƙararsa. Tsakanin dangi ne ake tsawaita wa'adin zuwa wajen shekara 40, don malamai sun san 'yan'uwa na kau da kai ga juna.

In kuwa aka yi magana a kan lokaci, Risala ta Ibn Abi Zaid, wadda ake karantawa a zaurukan Zariya, ta bambanta mutum biyu. Wanda ya yi ƙwace da gangan, a umarce shi ya cire gininsa, sai fa in mai fili ya so ya biya shi kuɗin kayan a rushe. Wanda ya gina bisa kuskure, misali an sayar masa da abin da ba na mai sayarwa ba, mai fili zai biya shi ƙimar ginin a tsaye. In ya ƙi, maginin ya biya kuɗin filin. In shi ma ya ƙi, su zama abokan tarayya. Wannan hukunci yana burge ni, domin ya duba niyya, bai haɗa azzalumi da wanda aka yaudara ba. Babbar kotu ta fi tsanani: ƙa'idarta ita ce abin da aka kafa a kan ƙasa na mai ƙasar ne. Takan tabbatar da mallaka, ta hana ci gaba da gini, ta sa a biya diyya.

Sai dai akwai tarkon hurumi. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, a sashe na 39, ta keɓe wa babbar kotu shari'ar filin da gwamna ya ba da izinin mallakarsa. Sashe na 41 ya ba ƙananan kotuna hurumin sauraron shari'ar filin gargajiya. Mutum kan yi nasara a kotun da ba ta da hurumi, a ɗaukaka ƙara, a rushe hukuncin, ya koma farko bayan kuɗi sun ƙare.

Sulhun mai unguwa ya fi sauƙi da araha, kuma yana barin maƙwabta su ci gaba da gaisawa. Rauninsa shi ne a baki yake ƙarewa, 'ya'ya su sake tayar da maganar bayan iyaye sun kwanta dama. Ina roƙon masu unguwanni da dagatan Dutsen Abba kada su tashi daga zaman sulhu sai safiyo ya auna, an kafa turakun siminti, shaidu sun sa hannu. Mai fili kuma ya kai takardunsa hukumar filaye ta jiha, KADGIS, a yi masa rajista tun kafin maƙwabcinsa ya sauke bulo.