Sharhi a Kan Mortal Kombat Kashi na Biyu: So Hana Ganin Laifi

Duk wanda ya taso a Ringim a zamanin kaset ɗin bidiyo ya san irin farin jinin finafinan faɗa a gidajen kallo. Daga cikinsu akwai Mortal Kombat na 1995, wanda aka ɗauko daga wasan kwamfuta mai wannan suna. Zubinsa a miƙe yake: gasa ce aka shirya, jarumi Liu Kang yana neman fansar ɗan'uwansa, kuma kowane faɗa da dalilinsa.

Kashi na biyu, Annihilation, wanda John Leonetti ya ba da umarni a 1997, shi ne abin dubawarmu. Masu sharhi sun yi masa kaca-kaca, mu ma ba za mu kare shi ba. Cikin manyan 'yan wasan farko, Robin Shou da Talisa Soto ne kaɗai suka dawo. Aka sauya fuskar Raiden, sannan aka karya wuyan Johnny Cage tun mai kallo bai gyara zama ba. Babbar illar dai tana ga taurari. An kwaso su rututu daga wasan, kowa ya leƙo, ya yi tsalle biyu, ya ɓace. Dubi Sheeva mai hannu huɗu: an yi ta cika mana baki da ita, ƙarshe keji ne ya faɗo mata, ko naushin kirki ba ta kai ba. Dodannin faɗan ƙarshe kuwa, ko zanen allon makaranta ya fi su ban tsoro.

To, me ya sa har yau yake da masoya? A ganinmu, ba labari suka zo ji ba, gaisawa suka zo yi da tsofaffin sani. Wanda ya daɗe yana danna Cyrax ko Baraka da yatsunsa, ganinsu kawai ya ishe shi ihu. Daga baya kuma kurakuran da kansu suka zama abin raha, ana maimaita su ana shewa.

A nan ne muke jin tsoro ga 'yan'uwa masu rubuta littafi na ɗaya, na biyu, har na uku. Sau nawa muka buɗe na biyu muka tarar da sababbin kishiyoyi da kawunnai goma, alhali jigon ya ƙare tun a na ɗaya? Leonetti ya ci bashin ƙaunar da wasan ya riga ya tara masa, duk da haka cinikinsa bai kai rabin na farko ba, kuma sai 2021 aka sake ganin Mortal Kombat a silima.