Batirin da ke tayar da matacciyar PSP

A layukan kayan lantarki na Sabon Gari da Titin Beirut a Kano akwai masu gyara da ba a kan waya kaɗai suka tsaya ba. Kawo musu tsohuwar PSP 'yar kwance, na'urar gem ta hannu da Sony ya fitar a Japan ƙarshen 2004, ka ga aiki.

Sony ya kulle ta ne yadda ba za ta karɓi manhajar da ba shi ya sa mata hannu ba, wasanninta kuma suna kan ɗan faifan UMD, wanda ƙurar hunturun Kano ba ta ragawa. Gwani sai ya musanya mata manhajar asali da wadda masu sha'awa suka gyara, abin da yara ke kira falashin. Daga nan ta buɗe: wasannin Sega da Nintendo na da, mai karanta littafi, ƙananan manhajojin da mutane suka rubuta a ɗakunansu, duk daga memori. Gaskiya yawancin kwastomomi ƙwallo suke so a tura musu, ba wata manhajar ɗaki ba.

Kafin ya taɓa komai, sai ya cire batir ya karanta lambar da ke ƙarƙashi. 1000 ce, 2000 ko 3000? Wace manhaja ke ciki? A nan ake gane gwani, don dabarar da ta yi wa wannan magani tana iya kashe waccan murus.

Abin da ya fi burge ni batirin Pandora ne, wanda ya bayyana a 2007. An gano cewa idan lambar batir ta koma F zalla, na'urar na ɗauka tana hannun ma'aikatan Sony, sai ta tashi daga memori. Mai gyara kan ɓare batirin a hankali, ya ɗaga ƙafa guda ta wani ƙanƙanin guntu da bai kai ƙwayar shinkafa ba don lambar ta koma F zalla, hannu ba rawa, don huda batir gobara ce. Da haka ake tayar da PSP da mai ita ya riga ya fid da rai.

Sony ya toshe wannan ƙofa a PSP 3000 ta 2008. A 2011 makullan sa hannunsa suka fita, aikin ya koma na kwafa cikin memori, har almajirin shago ma yana yi yayin da maigida ya tafi sallar La'asar.