Wasa Cikin Wasa: Daga Filin Lorule Zuwa Rumfar Gem a Bugaje

A watan Nuwamban 2013 kamfanin Nintendo na Japan ya fitar da The Legend of Zelda: A Link Between Worlds a kan 'yar na'urarsa ta hannu, 3DS. Labarin irin na tatsuniya ne. Yaro mai suna Link ya rataya takobi, ya bi ta tsagar bango daga ƙasarsu Hyrule ya faɗa Lorule, ƙasar da ta tsattsage, sarauta ta raunana, ɓarayi suka kafa garinsu. A tsakiyar wannan kufai sai ga fili an share, an jera tukwane, wani yaro yana karɓar kuɗin shiga. Ka biya 50 na kuɗin ƙasar, a ba ka sanda, a jefo maka ƙwallo 30. In ka farfasa tukwanen har ka tara maki 100, a ba ka gutsuren zuciya, wanda in ka haɗa huɗu irinsa ƙarfin ranka ya ƙaru a sauran tafiyar. Sunan wurin Octoball Derby, kuma wasan besbol aka kwaikwayo. Mai jefo ƙwallon kuwa Octorok ne, wata halitta mai tofo duwatsu da take cikin maƙiyan Link tun fitowar Zelda ta farko a 1986. A wannan fili kaɗai ta zama abokiyar wasa.

Cinye wasan ba ya samuwa da ƙarfi. In ka yi saurin kaɗa sanda ƙwallon ta tafi gefe guda, in ka jinkirta ta bi ɗaya gefen, in ka dace da tsakiya ta miƙe. Tsayuwa iri uku ce, kowace da tashin da take ba ƙwallo: ta gangara a ƙasa, ta tafi tsaka-tsaki, ko ta lula can baya. Tukwane masu ruwan zinariya sun fi maki, akwai kuma tsuntsu da ke giftawa, wanda ya same shi ya yi babban kamu. Takobin da Link ya sha wuya ya samo, da bama-bamansa, da duk dodannin da ya kashe, babu abin da suke tsinana masa a nan. Kamar ɗan damben da aka ce ya kwance layunsa ya shiga fili da hannunsa kawai, haka mai wasan yake komawa ga idonsa da babban yatsansa. Abin da ya sa nake ɗaukar waɗannan ƙananan wasanni da muhimmanci ke nan. A babban labari, wanda ya daɗe yana yawo yana tara makamai zai ci gaba ko bai ƙware ba. A ƙaramin wasa kowa ya iya allonsa ya wanke.

To me ya kai besbol ƙasar aljanu? Ta hannun mutanen da suka ƙera wasan ta shiga. Wani malami Ba'amurke, Horace Wilson, ya koya wa ɗalibansa besbol a Tokyo a 1872, kuma ta kama ƙasar har gasar makarantun sakandare da aka fara a 1915, wadda ake yi a filin Koshien, ta zama abin da ake tsayar da aiki a kalla. Wasa ne na ƙiftawar ido: tsakanin mai jifa da mai bugu bai kai mita 19 ba, ƙwallon ƙwararre tana isowa cikin ƙasa da rabin daƙiƙa, kuma wanda yake bugu mai kyau sau uku cikin goma gwani ne. Tun a 1983 Nintendo ya fitar da wasan besbol a na'urarsa ta Famicom. Saboda haka lokacin da masu zana Lorule suka so su ba jaruminsu wurin shan iska, abin da suka taso suna yi bayan makaranta suka ba shi. Haka tafkin kamun kifi ya shiga wani wasan Zelda, Ocarina of Time, a 1998. Haka jerin wasannin Yakuza na Sega, da aka fara a 2005, suka ajiye rumfar bugun besbol a unguwar da aka kwaikwayo daga Kabukicho ta Tokyo. Dodanni da takubba kayan aro ne, kowa na ɗauka daga tatsuniyoyin duniya. Ƙaramin wasan shi ne yake faɗa maka inda aka yanke cibiyar maƙerin.

Bahaushe bai kamata ya ji wannan salo baƙo ba. Abubakar Imam yana koyarwa a Makarantar Midil ta Katsina ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar 1933. Labarin neman ruwan magani ne, amma tambayi duk wanda ya karanta me ya fi tunawa, zai ce maka ramuwar gayyar da ake ta yi tsakanin Alhaji Imam da Malam Zurƙe a garuruwan kan hanya. Ratsen ya fi maƙasudin tafiyar zama a rai. Masu wasan The Witcher 3, wanda kamfanin CD Projekt na Folan ya fitar a 2015, sun faɗa irin wannan ramin: jarumin yana neman 'yar riƙonsa, su kuwa suna bin mashaya suna buga kartar Gwent, har kamfanin ya ware ta ya mayar da ita wasa mai zaman kansa.

Yanzu a dawo gida. Yaron Bugaje, a ƙasar Jibiya, ba ta wannan ƙofa ya shiga duniyar gem ba, kuma da wuya ka sami 3DS a hannun wani tsakanin Katsina da Magama. Abin da ya sani rumfa ce ta langa-langa ko shago ɗaya, benci biyu, talabijin a kan tebur, PlayStation da ta sha hannu kafin ta iso, da ƙaramin janareta yana kuka a bayan ɗaki. Hannun gem ɗin an ɗaure wayarsa da salatif, robar da ake murzawa da yatsa ta cinye har ƙarfe ya fito. Biyu ne ke bugawa, goma na tsaye a kansu, kowa koci. Ƙwallon ƙafa ta Konami ake yi, Barcelona da Real Madrid, wani lokaci a sa Mortal Kombat a daki juna. Za ka ji ƙarami yana cewa, "Yaya, don Allah bar mu mu ƙarasa, fanareti ne fa." Mai rumfa ya ce, "Kai dai ƙanena, mai ake ƙonawa. In za ka ƙara, kawo kuɗi."

Wannan amsa ita ce ta tsara irin wasan da ake yi a can. Zelda da 'yan uwanta suna son mutum ya mallaki na'urarsa, ya ajiye inda ya tsaya ya dawo gobe, ya karanta Turanci mai yawa, ya ba su sa'o'i ashirin ko arba'in. Rumfar gem kuwa da wasa ɗaya ɗaya ake sayar da lokaci, kuma na bayanka yana jiran ka tashi. Man da ke juya janareta shi ma ba a banza yake zuwa ba: a Nuwamban 2019, ana tsakiyar rufe iyakoki, hukumar kwastan ta hana kai fetur gidajen man da ke cikin kilomita 20 daga iyaka, abin da ya shafi garin Jibiya da ƙauyukan bakin boda kai tsaye. A Satumban 2021 aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, har da Jibiya, saboda 'yan bindiga, aka yi watanni babu intanet. Wasan da yake buƙatar layi ya mutu a aljihu. Wanda ya rayu shi ne wanda aka tura daga waya zuwa waya ta Xender, gajere, marar nauyi, mai ƙarewa kafin caji ya ƙare.

Ke nan abin da Bajafane ya ajiye a gefen hanya don hutu, shi ne babban titi a wurinmu. Ko wasanni masu dogon labari da suka iso rumfunan, irin GTA: San Andreas na 2004, yara ba su cika bin labarin ba. Sukan ɗauki mota ko babur su tsara wa kansu gasa, wane ne zai fi daɗewa 'yan sanda ba su kama shi ba, in an kama ka ka miƙa wa na kusa. Sun yanki ƙaramin wasa daga jikin babba da hannunsu. Ban ga wannan a matsayin koma baya ba. Haka wasan dandali yake tun asali: gajere, a gaban jama'a, da juyi, wanda aka kayar ya koma gefe ya yi ihu tare da 'yan kallo. Kuma filin Octoball a tsakiyar Lorule ba zai ba mutumin Jibiya mamaki ba. Ya ga garuruwan da aka kwana ana jin harbi, da la'asar yara suka fito suka kafa duwatsu biyu suka yi raga.

Salon yana da aibinsa, kuma ba ƙarami ba ne. Ƙaramin wasa yana da daɗi ne muddin ganin dama ne. Da zarar an kulle wani abu mai muhimmanci a bayansa, ya tashi daga wasa ya koma aikin dole. A Final Fantasy X na 2001, wanda yake son kammala makamin wata jaruma mai suna Lulu sai ya kauce wa tsawa sau 200 a jere, in ta same shi sau ɗaya ya koma farko. Wannan azaba ce, ba gwaninta ba. Octoball bai kai nan ba, don ana iya gama labarin ba a taka filin ba, amma mai son tara zukata duka dole ya yi ta biya yana sakewa, kuma da yawa sun fita da haushi. Bambancin wasa mai kyau da marar kyau a nan ɗaya ne: in ka faɗi, ka san abin da ka yi ba daidai ba? Wanda ya kaɗa sanda da wuri ya ga ƙwallonsa ta kauce, ya koyi wani abu. Wanda tsawa ta 190 ta buge don idonsa ya gaji, lokacinsa kawai aka ci.

Sai maganar kuɗin shiga. A Lorule kuɗin ƙarya ne, ana tsinto shi a ciyawa. A rumfa kuɗin gaske ne, wani lokaci na aike, kuma al'adar "wanda aka ci shi ke biya" ta zama ruwan dare. Iyaye da malamai da suke ɗaga murya a kan gidajen gem ba su rasa hujja ba. Daga biyan kuɗin wasa zuwa ajiye kuɗi a kan sakamako taku ɗaya ne, kuma wayar da ake gem da ita ita ce ke kawo tallar cacar ƙwallo. A nan nake tare da su ɗari bisa ɗari. Inda na rabu da su shi ne ɗaukar cewa wasan kansa ne cutar. Yaron da ya zauna yana auna daƙiƙar da zai danna, ya faɗi, ya gyara, ya sake, yana yin abin da kakansa ya yi a kan ramukan dara. Abin tsaro shi ne lokacin makaranta da na salla, da kuma kada kuɗi ya hau kan wasan, don in ya hau, dara ce za ta ci gida.

Bugun ƙwallo da sanda ma ba sabo ba ne a ƙasar Katsina. Yara sun daɗe suna kora ƙwallon goruba da gora mai lanƙwasa, kuma tun shekarun 1920 Sarki Muhammadu Dikko ya kafa ƙwallon dawaki, ɗansa Sarki Usman Nagogo ya yi suna a cikinta har ƙasashen waje. Ga langa, ga dambe, ga kokawar da Nijar take gasar ƙasa a kanta tun 1975, yanzu zakara ke ɗaukar takobi, wadda mutanen Maraɗi da na wannan gefen iyaka suke bi da zuciya ɗaya. Duk waɗannan gajeru ne, dokokinsu a fili, mai kallo yana gane wanda ya ci ba sai an fassara masa ba. Su ne ainihin kayan da ake ƙera wasa cikin wasa da su. Kamfanin Nokia ya riga ya gwada: wayarsa 3310 ta shekarar 2000 ta zo da Bantumi, wasan ramuka da 'ya'ya irin wanda ake yi a faɗin Afirka, kusa da wasan macijin da kowa ya sani.

Babban wasan tatsuniya yana cin kuɗi da shekaru. Matasan Kiro'o Games a Kamaru, ƙarƙashin Olivier Madiba, sun yi fama da ɗaukewar wuta da neman jari kafin wasansu Aurion ya fito a 2016. Ba na tsammanin wani zai zauna a Katsina gobe ya ƙera tafiyar Bayajida daga Bagadaza zuwa rijiyar Kusugu mai sa'o'i talatin. Amma ɗalibin kwamfuta a Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa ko Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo ta Maraɗi zai iya fara abin daga ɗaya ƙarshen. Dara ramuka 30 ce, kowane ɓangare da 'ya'ya 12, a jera su tukuna sannan a fara matsawa, wanda ya haɗa uku a layi ya cire ɗaya na abokin karawa. Ba ta son intanet, ba ta cin caji, mutum biyu za su iya miƙa wa juna waya ɗaya. Wahalar tana wurin koya wa na'ura ta buga kamar mutum, ta kafa tarko, ta bar ƙofar da mai wayo zai gani, kuma wannan ba a littafi yake ba. Sai ɗalibin ya je gindin bishiya ranar Lahadi, kasuwar Jibiya tana ci, ya gaida dattawan da ke kan ramukan, ya ce, "Baba, a sa ni a layi," ya yarda a cinye shi sau da yawa yana rubuta yadda aka yi.