Kasimu Yero da Matsayin Abokin Adawar Tauraro

Masu nazarin wasan kwaikwayo sun saba zuba ido kan tauraro, su manta da wanda ke ja da shi. A ganinmu wannan kuskure ne, kuma aikin marigayi Kasimu Yero, mutumin Zariya da ya rasu a Kaduna cikin 2017, ya isa hujja.

Hausawa sun fi saninsa da Karambana da Magana Jari Ce, amma mu inda muka fi ganin gwanintarsa shi ne Cock Crow at Dawn, wasan Turanci da NTA ta fara nunawa a 1980, zamanin da gwamnatin Shagari ke kiran jama'a su koma gona. Ya fito a matsayin Kawu Gaga, mutumin ƙauye da ya hana Bello sakat, shi kuwa Bello birni ya baro don ya yi noma. Manufar wasan ita ce mai kallo ya ƙi Gaga. Sai dai Kasimu bai yarda ya mai da shi wawa ba. Da harara da jan magana ya nuna mana mutum mai tsoron kada baƙon abu ya raba shi da girmansa.

Duk wanda ya san Gozaki da sauran ƙauyukan Funtuwa da Malumfashi, inda shirin bunƙasa noma mai tallafin Bankin Duniya ya sauka a 1975 da takin zamani da malaman gona, ya san irin wannan dattijo. Ya kuma san zarginsa ba duka ne banza ba, domin masu manyan gonaki su suka fi cin moriyar shirin.