Laƙabin "Bautar Kakanni" da Al'adar Tarpanam a Wajen Tamilawa

Littattafan nazarin addinai da ke hannun ɗalibai sukan tattara duk abin da mabiya addinin Hindu ke yi wa mamatansu a ƙarƙashin laƙabi guda: bautar kakanni. Albiruni, wanda sai da ya koyi harshen Sanskrit kafin ya rubuta littafinsa kan Indiya wajen shekarar 1030, bai kasance mai irin wannan gaggawa ba. Al'adar Tamilawan kudancin Indiya ta isa ma'aunin gwada laƙabin.

A ranar ɓuyan wata, wadda suke kira Amavasai, musamman a watanninsu na Aadi da Purattasi da Thai, jama'a kan cika gaɓar teku a Rameswaram. Ɗan mamaci zai yi wanka, ya fuskanci kudu, inda suka yi imani can mamata suke, ya kwarara ruwa gauraye da baƙin riɗi yana ambaton mahaifinsa da kakansa da mahaifin kakansa. Wannan shi ne tarpanam, ma'anarsa ƙosarwa. Ranar zagayowar mutuwa kuwa, akan dunƙula dafaffiyar shinkafa a ajiye wa hankaka, cinta kuma alamar karɓuwa ce.

Mabuƙaci a nan shi ne mamacin: shi ke jin yunwa da ƙishirwa, ɗansa kuma bashi yake biya. Tsohon littafin hikimarsu, Tirukkural, ya lissafa haƙƙin mamata cikin wajiban magidanci, tare da na baƙo da na dangi. Saboda haka "ciyarwa" ta fi kusa da zahirin aikin.

Sai dai laƙabin bai faɗi gaba ɗaya ba. Ana neman albarkar kakannin, ana kuma jingina jinkirin aure ko rashin haihuwa ga fushinsu idan an yi sakaci. A nan ne aka ba mamaci ikon amfanarwa da cutarwa, kuma nan ya kamata mai suka ya kafa hujjarsa.

Akwai kuskure na biyu, mai kama da adalci: kwatanta tarpanam da sadakar ruwa da Sa'adu bin Ubada (RA) ya yi wa mahaifiyarsa. Ruwan Sa'adu rayayyu suka sha, lada ne ake fatan Allah Ya isar gare ta. A Rameswaram kuwa, mamacin kansa ake nufin shayarwa.