Gaɓar da Ɗan Kama Ke Tsayawa

A ƙasashen Anka da Gummi da Bukkuyum, mutanenmu kan auna ɗan kama da yawan dariyar da ya jawo. Ni dai ban gamsu da wannan ma'auni ba. Shekarun da na yi ina halartar bukukuwa sun nuna mini cewa a wurin tsayawa ake gane gwani.

'Yankamanci sana'a ce ta kwaikwayo, kuma tun 1967 wani Bature, C. G. B. Gidley, ya yi rubutu a kanta. Ɗan kama kan ɗauki waƙar wani shahararren makaɗi, ko salon malami mai fassara, ya juya komai ya koma kan tuwo da fura. To, wanda ake kwaikwayo sau da yawa yana zaune a wurin, ko kuwa danginsa. A nan hatsarin yake.

Ina ƙaramin ma'aikaci na halarci wani ɗaurin aure a wani ƙauye tsakanin Anka da Bukkuyum. Wani tsohon ɗan kama ya harɗe ƙafa, ya gyara murya irin ta limamin garin, yana jero sharuɗɗan cin tuwon dawa da abubuwan da ke ɓata shi. Liman da kansa ya yi dariya har ya sa bakin rawani yana share ido. Da ɗan kaman ya ga ya sunkuyar da kai, sai ya katse, alhali jama'a na neman ƙari. Ya durƙusa ya ce, "Allah ya gafarta Malam, almajiri ya ƙoshi." Liman ya miƙa masa goro. Ya san cewa sunkuyawar nan ita ce iyaka, domin ganga in ta cika zaƙi ta kusa fashewa.

Na kuma ga akasin haka a Gummi. Sanin kowa ne akwai wasan barkwanci tsakanin Zamfarawa da Dakarkari, maƙwabtanmu na ƙasar Zuru, kuma wasa ne mai kashe gaba. Wani matashi mai ban dariya ya tasa wani baƙo Badakkare gaba. Zolaya ta farko da ta biyu baƙon ya rama, aka yi shewa. Maimakon ya bar shi da wannan ramuwa, sai ya zarce kan tsohuwar rigarsa, daga nan ya taɓo mahaifinsa. Wuri ya yi tsit. Baƙon ya ɗauki takalminsa ya fita ba sallama, mai gida kuwa ya kwana yana aika manya ban haƙuri.

Yara masu tashe ma, da ke fita daga goma ga azumi, sun gaji wannan ƙa'ida: da an ba su hatsi ko kuɗi, wasa ya ƙare, sai ƙofa ta gaba. Kyautar ce ke rufe wasan.

Wannan birki ne na ga ya yi rauni a finafinan barkwanci. Marigayi Rabilu Musa Ibro, wanda ya rasu a 2014, yana da baiwa ba shakka, amma sau da yawa akan ja masa fitowa guda har dariyar ta huce, don a cika kaset. Ban ɗora masa laifin duka ba. Gaban kyamara yake, babu liman da zai sunkuyar da kai ya gani.