Taylor Mead, Ɗan Wasan da Ba Ya Haddace Magana

Masu yin majigi a ƙasar Amurka iri biyu ne. Akwai manyan kamfanonin Hollywood, masu zuba dukiya domin su kwashi riba. Akwai kuma waɗansu masu fasaha marasa jari, waɗanda kan ɗauki hoto da ɗan abin da ke aljihunsu, su nuna wa mutane kaɗan a ƙananan ɗakuna. Cikin waɗannan na biyu Taylor Mead ya yi zamaninsa.

An haife shi a jihar Michigan cikin 1924, a gidan masu hali. Ya taɓa aikin ofis a Detroit, amma bai daɗe ba ya bar shi ya shiga yawon duniya. A San Francisco ya gamu da wani saurayi, Ron Rice, suka yi The Flower Thief, watau Ɓarawon Fure, cikin 1960. Da ragowar fim na soja mai araha aka ɗauki hoton. Ba wani labari a ciki, ba rubutacciyar magana. Mead ne kurum ke gantali a titi, ya saci fure, yana rungume da 'yar tsana kamar yaro.

To, a nan gwanintarsa take. Ɗan wasan kamfani yakan haddace abin da aka rubuta masa. Shi kuwa Mead jikinsa ne littafinsa: ido a lumshe, kafaɗa a sake, tafiya kamar ta mai jin barci. Ya yi kama da ɗan kama, wanda kafin ya buɗe baki an fara dariya. Cikin 1963 Andy Warhol ya sa shi ya fito a matsayin Tarzan, jarumin daji. Ga mutum siriri, ga bante na zamewa. Ba tare da wa'azi ba ya nuna wautar jarumtakar da Hollywood ke sayarwa.

Amma fa wasan nan yana da aibi. Mutum guda Mead ya iya kwaikwaya, watau kansa. In mai ɗaukar hoto bai san inda zai yanke ba, sai abin ya yi tsawo, dariya ta koma hamma. Saboda haka ƙarfinsa ya rataya ga abokin aiki mai ido. Rice kuwa ya rasu a Meksiko cikin 1964, yana da shekara 29, ya bar The Queen of Sheba Meets the Atom Man bai gama ba. Mead ne ya harhaɗa shi a farkon shekarun 1980, ya riƙe amanar abokinsa.

Da tsufa ya zo, Jim Jarmusch ya gane abin da Rice ya gani. A ƙarshen Coffee and Cigarettes na 2003 ya zaunar da shi da wani tsoho, suna shan kofi mai araha suna riya cewa abin shan attajirai ne, har gyangyaɗi ya kwashe Mead. 'Yan mintoci ne, amma sun ishi mai kallo ya san shi.

Ya rasu a Denver cikin 2013, yana da shekara 88, bai tara dukiya ba. Wanda ya auna shi da mudun Hollywood zai ce ya yi hasara. Lalle kuwa ba da wannan mudu ya yi awo ba tun farko.